Shekara uku ana ba ka maigadi

Ɗana, na ji tambayarka. Ka ce shekara uku ke nan kana bin lokeshan, kullum ko maigadi, ko direba, ko ɗan sandan da ke shigowa a ƙarshen fim ya yi kame. Kana so ka sani ko ka fara ƙin karɓa har sai an ba ka jarumi.

Kada ka ƙi. Abin da kake rainawa sana'a ce mai zaman kanta, kuma ta fi jarumta tsawon rai. Jarumi fuskarsa ake saye, ranar da furfura ta fito sai a fara waigen wani. Mai fitowa uba, ko bos, ko malami, ko alƙali, shi tsufa ma jari ne a wurinsa.

Dubi Amrish Puri na Indiya. Ya daɗe yana aiki a wata hukumar inshora ta gwamnati, yana wasan daɓe a gefe, sai da ya doshi shekara 40 kafin ya fara fitowa a fim. Kafin ya mutu a 2005 ya yi finafinai fiye da 400. Wanda duk ya ga Mr. India na 1987, Mogambo, bos ɗin da Puri ya fito, shi ne ya zauna masa a kai. A Amurka kuma akwai John Cazale, finafinai biyar kacal ya yi kafin ya mutu a 1978, ba shi ne jarumi ba ko a ɗaya, amma duka biyar ɗin sun shiga takarar Oscar ta fim mafi kyau.

To amma bari in gaya maka inda nake ganin gyara a aikinka, don na tsaya na kalle ka. Kana zuwa ne ka faɗi layinka biyu ka wuce. Kafin a ce akshin ya kamata ka san wane ne maigadin nan. Shekara nawa ya yi a ƙofar gidan? An biya shi albashin watan jiya? Tsoron maigidan yake ji, ko ya san wani sirrinsa? Ba a rubuta maka wannan ba, kai za ka nemo. Sannan ka zaɓi abu ɗaya tak da zai nuna shi. Ni na taɓa fitowa maigadi, abin da na riƙe kawai makullai ne. In maigidan ya shigo sai in damƙe su kada su yi ƙara, in ɗansa ne sai in bar su suna kaɗawa. Ban ƙara kalma ko ɗaya ba, amma daraktan ya sa aka matso da kamara kan hannuna.

Sai sauraro, wanda shi ne rabin aikinmu. Idan jarumi yana magana, na ga idonka yana jiran lokacin da za ka karɓa. Kamara ba ta ɓoye wannan. Ka ji maganar kamar yau ka fara jin ta, ko da sau tara aka maimaita. In kuma an juya kamara kan fuskarsa kai ba a ganinka, ka tsaya a bayanta ka ba shi layinka da ƙarfin da ka bayar ɗazu. Masu yin haka su ake sake kira.

Ka kuma kula da hannunka. In da hagu ka buɗe ƙofa a ɗaukar nesa, da hagu za ka buɗe a ta kusa, in ba haka ba edita ba zai iya haɗawa ba, kuma fitowarka ce za ta tafi.

Tsoronka na kada a ɗaure ka a rol ɗaya yana da tushe, ba zan ce maka babu ba. Maganinsa shi ne kada maigadinka na bana ya yi kama da na bara. Puri ɗin nan da aka sani da mugunta, a 1995 ya fito uba mai tsauri a Dilwale Dulhania Le Jayenge, mutane suka karɓe shi hannu biyu.

Kuɗin aikin nan kuwa yau akwai gobe babu, don haka kada ka saki ɗayar sana'ar taka tukuna.

Gobe ka zo da wuri da takardar fitowarka, mu zauna a kan direban nan kafin a kafa fitilu.