Tambaya da Amsa: Tayar Injin Kwashe Ƙanƙara Ta Ƙi Fita

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina zaune a birnin Winifeg na ƙasar Kanada, kuma na sayi injin kwashe dusar ƙanƙara na hannu. Tayar hagu ta sace, ina son in cire ta in kai wa mai faci. Na zare kusar da ke riƙe da ita, amma tayar ta ƙi ko motsi. Shin akwai abin da na bari a ɗaure?

Amsa: Wa alaikumus salam. Ko da yake wannan fili na waya da kwamfuta ne, tambayarka ta cancanci amsa, kuma da wayarka za ka fara aikin. A jikin injin, galibi ta baya tsakanin tayoyin, akwai takarda mai ɗauke da lambar samfurinsa. Ka ɗauki hotonta, ka nemi littafin injin a shafin kamfanin da ya ƙera shi, sannan ka ɗauki hoton tayar kafin ka ƙara kwance komai, domin kada wosha da sauran ƙananan ƙarafa su rikice maka wajen mayarwa.

Hanyoyin ɗaure tayar biyu ne suka fi yawa. A wasu injinan kusa ce mai zobe take ratsa cibiyar wili da sandar ƙarfen da tayar ke kanta, a wasu kuma, kamar yawancin samfuran Troy-Bilt da Cub Cadet, noti ne guda a tsakiyar wilin wanda sifana ke kwancewa. Tunda ka zare kusar, da wuya a ce akwai sauran abin da ke ɗaure. Abin da ya riƙe tayar tsatsa ce, domin gishirin da ake watsawa a titunan Kanada lokacin hunturu yana narkewa cikin ruwan ƙanƙara ya shige tsakanin wili da sandar, kuma idan an yi shekaru ba a shafa giris ba, sai ƙarafan biyu su manne kamar an yi musu walda.

Kafin ka ci gaba, ka cire wayar fulogi, ka rufe makunnin fetur ko ka zuƙe tankin, sannan ka tallafe injin da katako har tayar ta bar ƙasa. Ka fesa man da ke ratsa tsatsa, irin PB Blaster, ta gaba da ta bayan cibiyar wilin da kuma cikin ramin kusar, ka bar shi ya kwana. A nan ne mutane da yawa suke gazawa, saboda minti 10 ba ya isar man ya kai inda tsatsar take. Washegari ka riƙa murɗa tayar gaba da baya, kana bugun bayan wilin a hankali da guduma ta kan guntun katako, kana juya tayar don bugun ya zagaye ta. Ina roƙonka kada ka bugi kan sandar da guduma kai tsaye, domin bakinta zai baje, wilin ya rasa hanyar wucewa, kuma bugun yana iya lalata giyar da ke ciki. Idan hakan bai yi ba, ka nemi ƙarfen jan giya mai ƙafa uku, wato wanda ake zaro wili ko giyar inji daga kan sanda da shi, a shagon kayan mota, ka riƙa ɗaure shi kaɗan-kaɗan kana ƙara mai.

Za ka ga bidiyoyi a intanet ana gasa cibiyar wilin da wuta. Ban ba ka shawarar yin haka ba, saboda zafi yana iya fasa tayar da ke kan wili, ga kuma fetur a kusa. Idan abin ya kai nan, ka kai wa bakanike.

Idan tayar ta fita, ka lura ko akwai ɗan ƙarfen makulli a cikin tsagin sandar, ka adana shi. Ka goge sandar da samfefa har ta yi haske, ka shafa mata giris kaɗan, ba tare da ya ɗiga kan faifan robar da ke tafiyar da injin ba, sannan ka riƙa maimaita shafawar a ƙarshen kowane hunturu. Wajen mayarwa, ka duba hoton da ka ɗauka don zanen tayar ya fuskanci inda yake da farko, kuma idan ramuka biyu ne a sandar, ka sa kusar a wanda ya ratsa cibiyar wilin, in ba haka ba injin zai riƙa juya sandar, ita kuwa tayar tana tsaye.