Ba sanyi ne ke mayar da zomon Kanada fari ba

Ɗan'uwa, ka tambaya ko sanyi ne ke sa zomon dajin Kanada da Alaska ya koma fari fat, kuma ko zai yi hakan da hunturun Katsina. A'a, tsawon yini ne. Idan yini ya fara gajarta da kaka, sai ya zubar da gashinsa ruwan ƙasa, fari ya fito cikin kusan mako 10, bakin kunnuwa kaɗai ke zama baƙi. Farin yana ɓoye shi a ƙanƙara daga kyanwar daji da mujiya, manyan ƙafafunsa na baya masu gashi kuma suna hana shi nutsewa. Shekarar da ƙanƙara ta makara, abin tausayi, haka zai zauna fari a kan baƙar ƙasa, kowa na ganinsa.

A Katsina bambancin yini mafi tsawo da mafi gajarta bai kai awa 2 ba, don haka da wuya jikinsa ya samu wannan alamar. Kuma ni da nake kiwon zomaye a Daura, ko zomayen gida zafin Afrilu yana galabaitar da su, balle mai gashin ƙanƙara. Don Allah kada ka nemi kawo shi.