Yadda za ka siffanta hasumiyar haske mai maimaita kanta

Ɗan'uwa, ka ce kana rubuta labarin wata duniyar ƙage da sihiri ya cakuɗe da kimiyya, kana son kafa hasumiyar haske mai siffar firaktal a tsakiyar birni, amma ka rasa ta inda za ka kama bayaninta.

Masanin lissafi Benoit Mandelbrot ne ya ƙirƙiro kalmar firaktal a 1975, don siffar da kowane yanki nata yake kama da gaba ɗayanta. Ka dubi walƙiya da damina, ko jijiyoyin ganye: babban reshe ya rabu, ƙananan ma su rabu haka nan.

To, ka ba hasumiyar doka guda ɗaya tak. Misali, kowane zaren haske ya rabu gida uku, kowane sabon zare ya fi wanda ya haife shi gajarta da dusashewa. A mataki na biyar kana da zare 243. A na goma kuwa 59,049, har ido ya gaza rarrabewa, sai dai ya ga kamar hazo mai ƙyalli. Akwai kuma siffar da wani masanin lissafi, Helge von Koch, ya bayyana a 1904, wadda tsawon gefenta ba ya ƙarewa alhali filin da ta kewaye ƙayyadadde ne. Wannan kaɗai ya ishi bokayen birninka abin taƙama.

Ni dai ba zan sa kalmar firaktal a bakin kowa ba. Ka bar yarinya ta matso kusa, ta leƙa ƙaramin reshe, ta ga hasumiyar gaba ɗaya a cikinsa, ta ja da baya a tsorace.