Amsa: Wasannin waya sun ishe ni da sanarwa

Sannu ɗan'uwa. Ka ce tun da yaranka suka saka wasanni a wayarka, dare da rana sai ƙara take, har a masallaci. Ni ma na sha wannan, ranar wata Juma'a a nan Maraɗi wayata ta yi ta kuka cikin sahu, kunya kamar in nutse.

In Android ce, irin su Tecno ko Itel, kada ka share sanarwar in ta fito. Danna ta ka riƙe yatsa ɗan lokaci, za ta nuna maka wasan da ya turo ta, da wurin kashewa. Kashe nan take. Tun daga Android 13, wasa sai ya nemi izini kafin ya fara turo komai, to ka gaya wa yara su daina danna "Autoriser", wato ba da izini da Faransanci, ido rufe. A iPhone kuwa ka shiga Réglages, wato saiti, sai Notifications, wato sanarwa, ka zaɓi wasan ka kashe.

Amma ga inda mutane ke ruɗewa: wasu saƙonnin ba daga wasan suke ba. Shafin intanet ne aka ba izini cikin Chrome, manhajar shiga intanet, shi ke turo tallan "ka ci kyauta". Ko ka goge wasan ba za su tsaya ba. Shiga saitin Chrome, wajen izinin shafuka, ka cire duk wanda ba ka sani ba.

In kuma kwamfuta mai Windows ce, ka shiga Paramètres, sai Système, sai Notifications. Chrome ɗinta ma ka duba shi haka.