Amsa: Ina Cécile Aubry ta shiga bayan fim ɗin Manon?

Malam, ka tambaya me ya sa Cécile Aubry ta ɓace daga fina-finan Faransa da wuri haka. Sana'a ta sauya, ta koma rubuta labaran yara da shirya su a talabijin. Manon na 1949 ne ya fito da ita, har ya ci babbar kyauta a bikin fina-finai na Venice, sai The Black Rose a 1950 tare da ɗan wasan Amurka Tyrone Power, da wasu 'yan kaɗan.

Na lura masu nemanta a jerin 'yan wasa kawai su ne ke zaton ta ƙare. Ka duba ɓangaren marubuta. Ita ta rubuta Belle et Sébastien na 1965, shirin talabijin kan wani yaro da karensa, kuma ɗanta Mehdi, jikan Pasha (wato mai mulkin gari) na Marrakesh a Maroko, shi ya fito a matsayin yaron.