Wa ke yi wa katun din Japan kida?

Tambaya: Malam, kanwata ta nace wa kallon Spirited Away, kidan ya kama ni wallahi. Waye ya hada shi?

Amsa: Joe Hisaishi ne, dan Japan, an haife shi 1950 a Nagano, sunansa na yanka Mamoru Fujisawa. Tun 1984 yake aiki da darakta Hayao Miyazaki, shi ya yi kidan katun din Totoro ma na 1988, kuma ya yi wa darakta Takeshi Kitano kidan fina-finai da dama. Salonsa kam ba hayaniya, piyano zai dauko dan guntun sauti ya yi ta maimaitawa a hankali, sai goge ya shigo daga baya, kafin ka ankara kirjinka ya yi nauyi. Ni dai na fi son inda piyanon yake shi kadai.