Marilyn: daga ina sunan ya fito?

'Yar'uwa, kin ce abokiyar aikinki Ba'amurkiya Marilyn take, kina son sanin ma'anar sunan, da ko yana da alaƙa da Maryam.

Yana da ita kuwa. Sunaye biyu aka haɗa: Mary da Lynn. Mary dai Maryam ɗinmu ce, asalinsa Ibrananci, Miryam, wanda mu muka mayar Mairo ko Mairamu. Lynn kuma ana danganta shi da kalmar Welsh, harshen yankin Wales na Birtaniya, mai nufin tafki, amma a irin wannan haɗin ado ne kawai a ƙarshen suna, kamar a Carolyn da Ashlyn.

Sunan bai tsufa ba. Ya bazu a Amurka a shekarun 1920 saboda Marilyn Miller, tauraruwar wasan dandamali, wadda sunanta na yanka Mary Ellen ne. Ita ma Marilyn Monroe, tauraruwar fim ta Amurka da aka haifa a 1926, Norma Jeane aka raɗa mata. Na fim ne aka ba ta daga baya, aron sunan Miller.

Inda mutane ke tuntuɓe shi ne shafukan sunaye na intanet. Za ki ga an rubuta “tauraruwar teku”. Wannan ya samo asali ne daga kuskuren kwafi a Latin, inda aka fassara sunan Maryam da “ɗigon teku”, sai kalmar “ɗigo” ta koma “tauraro”. Kada kuma ki haɗa ma'anoni biyun ki fitar da “Maryam ta tafki”, iyayen da suka raɗa daɗin kunne suka bi.

In 'yarki kike son sa wa, ki fara tuntuɓar malaminku tukuna.